Gyara a Shafin Baya

Shekara talatin da ɗaya ina karanta jarida kafin gari ya karanta,
a Ancud, a ɗakin sama,
inda ruwan sama bai san hutun Lahadi ba.
Ba ni ne edita ba. Ni mai tsince ne,
ina bin layi da jan alƙalami
kamar mai fid da tsakuwa daga wake.

Kanun labarai na masu ƙarfin murya ne,
talla ta masu kuɗi.
Nawa shafin baya:
sammacin kotu, gwanjon kwalekwale, canjin suna,
wane ya kasa biyan bashi, wance ta gaji fili,
kalmomin da ba mai dubawa
sai wanda suke ci wa tuwo a ƙwarya.

Ran wata Talata Herminia Oyarzo ta hawo matakala
da ƙaurin hayaƙin itace a rigar ulunta,
ta ajiye takarda mai hatimi biyu.
Mijinta ya fita kamun kifi,
ita kuwa teku ba ta ba da rasit.
Alƙali ya ce a kira shi sau uku a rubuce,
a jaridarmu da ta gwamnati.
In bai amsa ba, magatakarda ya buɗe kundi
ya sauya masa layi.

Ta ce, "Don Ruperto, me ya raba ɓatacce da marigayi?"
Na ce, "Wa'adi, sa hannu, da tambari."
Ta ce, "To jira fa, nawa kuke karɓa a layi?"
Na duba jadawalin farashi.
Babu shi.

Kira na farko ya fita daidai. Na biyu ma.
Na uku, daren da wuta ta ɗauke sau biyu,
idona ya yi tuntuɓe:
Eliseo Cárcamo ya koma Cárcano.
Harafin m ya shiga maɗaba'a da ƙafa uku,
ya fito da biyu.
Kwafi dubu da ɗari huɗu,
an ɗaure, an loda, mota ta tafi kafin asuba.

Da hantsi sai ga ta, jarida a hammata, ta jiƙe sharkaf.
Na miƙe, na haɗa ban-haƙuri a baki.
Ta ɗora yatsa kan sunan:
"Wannan bawan Allah ban san shi ba.
In ya mutu, ƙasa ta yi masa sauƙi.
Nawa dai sau biyu aka kira shi."
Ta yi dariya, irin mai ƙarewa da tari.

A sana'armu akwai wata 'yar kalma, Gyara.
Ana cusa ta a kusurwa
da haruffa kamar ƙwayar gero:
inda aka ce kaza, a karanta kaza.
Na rubuta ta ba adadi,
kan farashin dankali, kan lokacin tashin jirgin fito,
har kan wata saniya da muka ba jinsin da ba nata ba.
Ban taɓa sanin tana da nauyin shebur ba.

Ta ce, "Yaushe za ka gyara?"
Na ce, "Bugun gobe."
Ta juya ga taga. Mashigin ruwa ya yi toka-toka,
wasu kwalekwale na shigowa, ta ƙirga su da leɓe.
"Bari sai mako mai zuwa.
Na wanke rigarsa jiya, ba ta bushe ba."

Layi biyu ne kacal, na riga na rubuta,
suna aljihun tebur, ƙarƙashin kwalbar tawada.
Edita ya tambaya ran Alhamis.
Na ce shafi ya cika.
Ya leƙa, ya ga fili mai faɗin tafin hannu
tsakanin gwanjo da ta'aziyya,
ya gyara tabarau,
ya ce a sa hasashen yanayi.